Darasin Wata: Katantanwar Ruwa a Ƙasar Haɗeja

Darasinmu na wannan wata a kan katantanwar ruwa ne. Wasu na ce mata dodon-koɗi. Duk wanda ya tashi a bakin Kogin Haɗeja ya san ta. Tana manne a jikin ciyawa, ko a bakin lambatu, ko a ƙarƙashin ganyen bado. Ba ta cizo, ba ta harbi. Saboda haka ba wanda ya damu da ita. Amma Hausawa sun ce, ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido.

Abin da muke so mai karatu ya riƙe shi ne wannan. Katantanwa ba ta iya tafiya mai nisa da kanta. Mu mutane mu ne muke gyara mata masauki, kuma mu ne muke kai ta inda ba ta taɓa zuwa ba. Tun da hannunmu ne ya jawo, hannunmu zai iya ragewa.

Yadda kogi yake a da

Kogin Haɗeja daga ƙasar Kano yake tasowa. Kogin Kano da Kogin Challawa su ne suka haɗu suka zama shi. Ya bi ta Wudil da Ringim, ya iso Haɗeja. Daga nan sai ya rarrabu cikin fadamu, ya nufi Kirikasamma da Guri da Nguru.

Ku tambayi dattawa. Za su gaya muku cewa a da kogin nan yana da lokaci biyu. Da damina ya cika ya batse, ya malale fadamu. A shuka shinkafa, a kama kifi. Idan rani ya yi nisa sai ya janye, ya bar yashi da 'yan kududdufai nan da can. Wannan bushewa ta rani tana kashe katantanwa masu yawan gaske. Kaɗan ne suke tsira. Su ne waɗanda suka nutse cikin laka suka yi likimo har ruwa ya dawo.

Abin da ya sauya

A shekarar 1974 aka gama Dam ɗin Tiga a kan Kogin Kano. A 1976 aka kafa Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are. A 1992 aka gama Dam ɗin Challawa kusa da Ƙaraye. An kuma yi aikin noman rani na kwarin Haɗeja a wajen Auyo, da madatsa da hanyoyin ruwa.

Waɗannan ayyuka sun kawo alheri. Birnin Kano ya sami ruwan sha. Manoman Kura da Kadawa da Auyo sun sami noman rani. Shinkafa da alkama da tumatir sun ba mutane da yawa abin yi.

To, amma kogi ya sauya hali. Ana sako ruwa daga dam har da rani. Wuraren da suke bushewa a da sun daina bushewa. Ruwa yana tafiya a hankali, yana ajiye laka. A irin wannan wuri ciyawar kacala take jin daɗi. Da ma akwai ta jefi-jefi. Da ta sami ruwa rani da damina, sai ta mamaye. Ta toshe hanyoyin ruwa, ciki har da hanyar Marma wadda take kai ruwa Tafkin Nguru. Ta cinye gonaki da wuraren su. Tsuntsayen jan-baki sun sami maɓoya a cikinta. Sauro ya samu. Katantanwa ma ta samu.

Katantanwa tana son ruwa mai kwanciya, da inuwa, da ruɓaɓɓen ganye da gansakuka don ci. Duk ta same su a cikin kacala da lambatun da ba a yashewa. Kuma haihuwarta ba ta da wuya. Kowace ɗaya tana da halittar namiji da ta mace a jikinta. Wata ma ita kaɗai tana iya yin ƙwai ya ƙyanƙyashe. Cikin 'yan watanni, kaɗan sun zama dubbai.

Iri uku da ya kamata mu gane

Ba kowace katantanwa ce take ɗauke da cuta ba. Ga uku da suka fi shafar mu. Dukkansu ƙanana ne, yawanci ba su wuce farcen babban mutum ba.

1. Mai ɗan tudu kamar ƙwayar gujiya. Idan ka riƙe ta, tsininta yana sama, bakinta yana kallonka, za ka ga bakin yana hagu. Masana suna kiranta Bulinus. Ita ce mai rainon tsargiyar fitsari.

2. Mai faɗi, naɗaɗɗiya kamar gammo, shimfiɗaɗɗiya kamar maɓallin riga. Masana suna kiranta Biyomfalariya. Ita ce mai rainon tsargiyar hanji.

3. Mai tsini da faffaɗan baki a dama, ɓawonta ba kauri. Ita ce mai rainon tsutsar hanta ta shanu da tumaki da awaki. Dabba tana ɗauka idan ta ci ciyawar bakin ruwa. Sai ta rame, nono ya ragu. Idan aka yanka, mahauci ya tarar hanta ta lalace.

Yadda tsargiya take zagayawa

Tsargiya tsohuwar cuta ce. Wani likita Bajamushe mai suna Bilharz shi ya gano tsutsarta a Alƙahira ta ƙasar Masar a 1851. Shi ya sa a asibiti ake ce mata bilhaziya. Ga yadda take tafiya, mataki-mataki.

1. Mai cutar ya yi fitsari ko bayan gida a cikin ruwa, ko a bakin ruwa. Ƙwan tsutsa yana cikin fitsarin ko bayan gidan. Ido ba ya ganinsa.

2. Ƙwan ya ƙyanƙyashe a ruwa. 'Yar tsutsar da ta fito ta shiga neman katantanwa. Idan ba ta samu ba cikin kwana ɗaya, sai ta mutu.

3. Idan ta samu, sai ta shige jikinta. A nan take hayayyafa har mako 4 zuwa 6. Tsutsa ɗaya ta zama dubbai.

4. Su fito daga katantanwa su bazu cikin ruwa. Sun fi fitowa daga hantsi zuwa bayan azahar, wato lokacin da yara suka fi son wanka.

5. Wanda ya shiga ruwan, sai su huda fatarsa su shige. Ba sai yana da rauni ba. Ba sai ya sha ruwan ba. 'Yan mintoci sun isa. Wani yakan ji ɗan ƙaiƙayi, wani ba ya jin kome.

6. Su girma cikin jijiyoyin jini na mafitsara ko na hanji. Su yi shekaru suna zuba ƙwai. Mutumin ya koma ruwa ya yi fitsari, abu ya sake sabon zagaye.

Ku lura da kyau. Tsargiya ba ta tsallakawa daga mutum zuwa mutum kai tsaye. Cin abinci tare ba ya kawo ta. Kwana ɗaki ɗaya ba ya kawo ta. Dole sai ta bi ta jikin katantanwa. Haka kuma katantanwa ba a haife ta da cutar ba. Mutum ne yake zuba mata.

Alamomi da illa

Babbar alamar tsargiyar fitsari ita ce jini a ƙarshen fitsari, wani lokaci da zafi. Jinin yakan fara fitowa kamar wata 3 bayan shiga ruwan. Ta hanji kuwa tana kawo ciwon ciki da gudawa, wani lokaci da jini. Idan ta daɗe sai hanta da saifa su kumbura, ciki ya tara ruwa.

Wasu iyaye sukan ce jinin fitsari alamar balaga ce ga ɗa namiji. Wannan ba gaskiya ba ne. Lafiyayyen yaro ba ya fitsarin jini. Yaron da yake zubar da jini kullum jininsa yana raguwa. Ya riƙa gajiya, ba ya girma yadda ya kamata, karatun allo da na boko su yi masa nauyi. Idan aka bar cutar shekara da shekaru tana iya lalata ƙoda. Tana iya kawo ciwon daji na mafitsara.

Mata ma tana kama su wajen wanki da ɗibar ruwa da aikin shinkafa. Takan taɓa al'aura da mahaifa. Ta kawo ciwon mara, da zubar jini, da wahalar samun ciki. Sau da yawa akan ɗauka ciwon sanyi ne, har a zargi baiwar Allah da abin da ba ta yi ba. Maigida, idan iyalinka tana da irin wannan damuwa kuma tana shiga ruwan kogi, ka kai ta asibiti. A gaya wa ma'aikatan lafiya cewa tana shiga ruwa.

Ba mu kaɗai ba ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a 2021 mutum fiye da miliyan 251 ne suke bukatar shan maganin tsargiya. Mafi yawansu a Afirka suke, kuma Nijeriya tana cikin ƙasashen da cutar ta fi yawa.

Abin da ya faru a Sanagal

Akwai wata ƙasa da abin da ya same ta ya yi kama da namu. A 1986 aka gama Dam ɗin Diyama a kan Kogin Sanagal. An yi shi ne don hana ruwan gishiri na teku hawowa cikin kogi. Noman rani ya bunƙasa. Amma ruwan ya kwanta, kacala ta mamaye, katantanwa ta yawaita. Akwai wani irin jatan-lande da yake cin katantanwa. Dam ya tare masa hanya, ya ɓace daga saman kogin. A 1988 aka fara ganin tsargiyar hanji a garin Rishar-Tol mai noman rake. Kafin 'yan shekaru ta kama yawancin mutane a wasu ƙauyukan yankin.

Daga can kuma aka sami wata dabara. Masu bincike da mutanen ƙauye sun riƙa cire ciyawar da take cikin ruwa a mashigar gari, inda ake wanka da wanki. A 2023 aka bayyana sakamako. Katantanwa ta ragu a mashigun, kamuwar 'yan makaranta ma ta ragu. Ciyawar da aka cire kuwa aka yi takin gona da abincin dabbobi da ita. Wannan aiki bai fi ƙarfin gayyar ƙauye ba.

Baƙuwa mai ƙwai ruwan hoda

Waɗanda muka ambata a sama 'yan gida ne, wuri kawai suka samu. Akwai kuma baƙuwa da ya kamata manomin shinkafa ya san labarinta tun kafin ya gan ta.

Asalinta daga Kudancin Amurka ne. Babba ce, takan kai girman lemon tsami, har ta fi. Wajen 1980 wasu 'yan kasuwa suka kai ta Taiwan don a yi kiwonta a ci. Daga nan aka kai ta Filifin. Mutane ba su so namanta ba, ciniki ya faɗi. Masu kiwo suka zubar da ita a lambatu. Sai ta shiga gonakin shinkafa. Abincinta shi ne ƙaramar shinkafa, daga tsiro zuwa kamar kwana 30. Takan yanke ta daga gindi, yawanci da dare. Manomi ya wayi gari ya ga ganye yana yawo a kan ruwa, gona ta yi sanƙo. Ta bazu a ƙasashen Asiya masu noman shinkafa. Masana sun sa ta cikin jerin baƙin halittu 100 mafi ɓarna a duniya.

Akwai wata hanya da take bi. A manyan birane wasu sukan ajiye kifin ado a cikin akwatin gilashi mai ruwa, a gida ko ofis ko otal. Akan sa ciyawar ruwa da katantanwa a ciki don ƙawa. Idan mai shi ya gaji, sai ya juye ruwan a kwata ko rafi. Wajen 1974 aka ga wata Biyomfalariya ta Kudancin Amurka a wani rafi a Hong Kong. Masana suna ganin cinikin kifin ado da ciyawarsa ne ya kai ta. Ita kuwa mai cin shinkafa, a 2009 aka gan ta a gonakin bakin Kogin Ebro a Sifen. A 2012 Tarayyar Turai ta hana shigo da ita.

A 2020 aka tabbatar ta shigo Afirka ta Gabas, a gonakin noman rani na Mweya a ƙasar Kenya, inda aka fi noman shinkafa a ƙasar. Manoma da yawa sai da suka sake dashe. Abin da ya ƙetare teku ya isa Kenya, zuwa Auyo ba zai gagare shi ba. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Gane ta ba wuya. Tana hawowa sama da ruwa ta yi ƙwai a jikin karan shinkafa, ko ciyawa, ko bangon lambatu. Ƙwan a dunƙule yake, ɗaruruwa wuri ɗaya, launinsa ruwan hoda mai haske. Muna da manyan katantanwa na gida a fadamunmu, amma ƙwansu ba ruwan hoda ba ne. Duk wanda ya ga irin wannan ƙwai ya kankare shi da kara ya faɗa cikin ruwa, don ba ya ƙyanƙyashewa idan ya nutse. Ya bar dunƙule ɗaya a jikin karansa, ya yanko ya kai wa malamin gona. A sanar da mai unguwa a ranar.

Yadda muke ɗaukar katantanwa

Ambaliya, irin ta 2022 da ta ci garuruwa da yawa a Jigawa, tana kwasar katantanwa daga wannan fadama zuwa waccan. Wannan ba yin mu ba ne. Amma sauran hanyoyin a hannunmu suke:

- Koma da taru da mali, idan aka ɗauke su da danshi zuwa wani tafki.
- Kwale-kwale da gorar su, da ciyawa ko laka a jikinsu.
- Injin ban-ruwa da tiyonsa, idan aka kai shi aro wata fadama.
- Dashen shinkafa da aka sayo daga nesa da lakarsa.
- 'Ya'yan kifi na kiwo da aka kawo da ruwa da ciyawar wani wuri.

Sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga.

Abin da za mu yi

1. Kada a yi fitsari ko bayan gida a kogi, ko tafki, ko lambatu, ko kusa da su. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana yin fitsari a cikin ruwan da ba ya gudu. A haƙa masai a gida da makaranta da kasuwa. A gona, a yi nesa da ruwa, a tona rami a rufe.

2. A sha magani. Sunansa firazikwantel. Akan raba shi kyauta a makarantu, ana auna tsawon yaro da sanda kafin a ba shi. Yaro ya ci abinci kafin ya sha. Wani yakan ji jiri ko tashin zuciya na ɗan lokaci, sai ya wuce. Kada a manta da almajirai da yaran da ba sa zuwa makarantar boko. Mai ciki da ƙaramin yaro a nemi shawarar ma'aikacin lafiya. Maganin yana kashe tsutsar da take jiki, amma ba ya hana sake kamuwa. Saboda haka a sha duk lokacin da aka zo rabo.

3. A yi wanka da wanki da ruwan rijiya ko na burtsatse. Idan sai na kogi, a ɗebo a ajiye a randa ko duro har kwana 2. Tsutsotsin za su mutu. Ruwan sha kuwa a tafasa shi.

4. Wanda aiki ya tilasta masa shiga ruwa ya sa dogon takalmin roba. Idan da hali, a yi aikin ruwa da sassafe. A hana yara wankan rafi da rana tsaka.

5. A yi gayya a yashe lambatu, a cire ciyawa daga mashigar gari. Masu aikin su sa takalmi da safar hannu ta roba, su yi amfani da manjagara. A jawo ciyawar nesa da ruwa ta bushe, sannan a yi taki da ita. Yi ɗaya ba ya isa, sai an riƙa maimaitawa. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

6. A wanke koma da kwale-kwale da tiyo, a shanya su bushe sarai kafin a kai su wani ruwa.

7. A rena irin shinkafa a gida. Idan an sayo dashe, a duba shi sosai.

8. Kada a juye ruwan kifin ado ko na tankin kiwon kifi a rafi. A zuba shi a busasshiyar ƙasa. Kada a karɓi baƙuwar katantanwa da sunan kiwo, kome daɗin bakin mai talla.

9. Kada a zuba maganin feshi a ruwa don kashe katantanwa. Zai kashe kifi, ya cuci dabbobi da mutane. Wannan aikin ma'aikata ne.

10. Makiyayi ya nemi malamin dabbobi a ba garke maganin tsutsar hanta a kan lokaci.

Jama'a, kogin nan shi ne abincinmu, kuma shi za mu bar wa 'ya'yanmu. Rigakafi ya fi magani. Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba, a majalisa da cikin gida. Allah ya ba mu lafiya da damina mai albarka, amin.

Sababbin kalmomi

Dam: bangon da ake ginawa a tare kogi don tara ruwa.
Bilhaziya: sunan tsargiya a asibiti.
Firazikwantel: ƙwayar maganin tsargiya.
Kifin ado: kifin da ake ajiyewa a akwatin gilashi don kallo.

Tambayoyi

1. A wace shekara aka gama Dam ɗin Tiga?
2. Me ya sa katantanwa ta fi yawa a inda kacala take?
3. Ta ina tsutsar tsargiya take shiga jikin mutum?
4. Kwana nawa za a ajiye ruwan kogi kafin a yi wanka da shi?
5. Wane launi ne ƙwan baƙuwar katantanwa mai cin shinkafa?

Aikin aji

Ku rubuta sunayen wuraren da mutanen garinku suke shiga ruwa. A gaban kowane suna ku rubuta abin da ake yi a wurin, ko wanka, ko wanki, ko su, ko shayar da dabbobi. Ku sa alama a kan wanda ciyawa ta fi yawa. Malamin aji ya raka ɗalibai biyu su kai wa dagaci takardar, a sa ranar gayya.